Laburaren Sarrafa Hoto

Laburaren sarrafa hoto tarin umarni ne da aka riga aka rubuta, wanda mai haɗa manhaja yake kira daga cikin aikinsa domin ya ƙirƙiri hoto ko ya sauya shi, ba sai ya zauna ya yi da hannu ba. Da shi ake rage girman hoto, a datse gefensa, a juya shi, a ɗora masa rubutu, ko a mayar da shi daga wani tsari zuwa wani. Shafin intanet da yake karɓar hoto ya fitar da ƙaramin kwafinsa nan take, yawanci irin wannan laburare ne yake yi masa aikin a ɓoye.

A wurin kwamfuta, hoto jerin ɗige-ɗige ne. Kowane ɗigo yawanci lambobi uku ne, na ja da kore da shuɗi, daga 0 zuwa 255, wani lokaci da ta huɗu mai nuna yadda ake hango abin da ke bayansa. Hoto mai faɗin ɗigo 4,000 da tsayin 3,000 yana da ɗigo miliyan 12, wato kusan megabait 36 idan aka warware shi, ko da fayil ɗinsa ƙarami ne. Don haka laburare yakan warware matsattsen fayil, ya yi lissafi a kan lambobin, ya sake matse su. Tsarin JPEG yana zubar da wani abu a kowace matsa, shi ya sa hoton da aka yi ta adanawa yake dusashewa. PNG ba ya zubar da komai.

Daga cikin sanannun laburaren akwai ImageMagick, wanda John Cristy ya fara a 1987 yana aiki a kamfanin DuPont, aka sake shi ga jama'a a 1990. Thomas Boutell ya fitar da GD a 1994, ya kuma samu karɓuwa wurin masu rubuta manhaja da harshen PHP. A 1999 aka cire tsarin GIF daga GD saboda kamfanin Unisys ne ke riƙe da haƙƙin mallakar dabarar matsi ta LZW, sai a 2004 aka dawo da shi bayan wa'adin haƙƙin ya ƙare. Wannan takaddamar ce ma ta haifar da PNG, wanda aka tabbatar a 1996. A ɓangaren harshen Python, Fredrik Lundh ne ya rubuta PIL. Da aikin ya tsaya bayan 2009, sai wasu suka ɗora daga nan da sunan Pillow a 2010. OpenCV, wanda ya faro a kamfanin Intel, ya fi karkata ga gane abin da ke cikin hoto.

Ba duka suke tafiya iri ɗaya ba. Wasu kan loda hoton gaba ɗaya cikin ƙwaƙwalwar kwamfuta, libvips kuwa guntu-guntu yake bi, don haka yake iya ɗaukar manyan hotuna da ƙaramin wuri.

Inda haɗarin yake shi ne wajen karanta fayil. Yawancin waɗannan laburare da harshen C ko C++ aka rubuta su, kuma suna buɗe fayil ɗin da kowa zai iya turowa. A 2016 aka gano wata ɓaraka a ImageMagick da aka laƙaba wa suna ImageTragick, inda fayil mai kama da hoto yake sa kwamfuta ta bi umarnin maharin. A 2023 aka sami wata a libwebp, laburaren karanta hotunan tsarin WebP, wadda ta tilasta wa manhajojin shiga intanet na Chrome da Firefox da Safari fitar da gyara cikin gaggawa. Akwai kuma ƙaramin fayil da idan aka warware shi yake cika ƙwaƙwalwar kwamfuta. Saboda shi Pillow ya sa iyaka ga yawan ɗigon da zai buɗe, yana gargaɗi idan an wuce ta, yana ƙin buɗewa idan an ninka ta.