Alhakin kwamanda: ba "shi ya aike su" ake nufi ba

Tun da kotun hukunta manyan laifuka ta duniya, ICC, da ke birnin Hague ta fitar da sammacin kama wasu manyan masu mulki, na Vladimir Putin a watan Maris na 2023, sannan na Benjamin Netanyahu da tsohon ministan tsaronsa Yoav Gallant a Nuwamban 2024, wata kalma ta shiga bakin masu sharhi a gidajen rediyonmu: alhakin kwamanda. Yanzu ko kurtun ɗan sanda ne ya mari direba a shingen bincike, sai ka ji mai sauraro ya bugo waya yana cewa a kai kwamishina Hague, ai akwai alhakin kwamanda. Wannan bai dame ni ba, zafin rai ne, kuma kotun ba ta sauraron ƙarar mari, aikinta laifukan yaƙi da kisan ƙare-dangi da makamantansu. Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne masu ilimin, waɗanda ake gabatarwa da barista ko masanin tsaro. A tambaye su ma'anar kalmar, sai su gyara murya su ce: ai idan babba ya ba yaransa umarni su yi kisa, shi ma sai an hukunta shi. Mai gabatarwa ya ce madalla, a tafi talla.

To ba haka ba ne. Wanda ya aika a yi kisa ba ya buƙatar wata sabuwar kalma kafin a kama shi, ko a fadar dagaci an san matsayinsa. A Yarjejeniyar Roma ta 1998, wadda ta kafa kotun, mai ba da umarni yana ƙarƙashin sashe na 25. Alhakin kwamanda kuwa sashe na 28 ne, kuma an tanade shi ne domin ranar da aka bincika ko'ina ba a ga umarnin ba. Babu takarda, babu saƙon oba-oba, babu shaidar da ya ji oga ya ce a harba. Yaransa sun yi ta'asa, shi kuma ya naɗe hannu. Naɗe hannun nan shi ne laifin.

Ina zargin 'yan jarida ne suka jawo ruɗanin, ba da gangan ba. Kalmar alhaki daga Larabci muka aro ta, tushenta ɗaya da haƙƙi, amma Bahaushe ya raba musu aiki. Haƙƙi abin da kake bi ne, alhaki kuwa abin da ke bin ka. Shi ya sa aka ce alhaki kwikwiyo ne, mai shi yake bi. Kuma a wajen kakanninmu ba sai ka ɗaga hannu ka yi duka kake ɗaukar alhaki ba. Ka ɗaure akuya a rana ka tafi kasuwa ba ka ajiye mata ruwa ba, tsohuwar gidan za ta ce maka ka ji tsoron alhakin dabbar nan. Ba ka yanka ta ba, ba ka ce a yanka ta ba, amma igiyar a hannunka take. Sai labaran rediyo suka zo suka saba mana da wata jimla da muke ji kusan kullum tun da rikicin Boko Haram ya yi tsanani: ƙungiya kaza ta ɗauki alhakin kai harin. A nan ɗaukar alhaki ya koma "mu muka yi". Kunnen da ya shekara goma sha yana jin haka, in ka ce masa alhakin kwamanda, abin da zai fahimta shi ne kwamanda ne ya yi. Ma'anar tsohuwa mai akuya ta fi kusa da abin da dokar take nufi nesa ba kusa ba.

Amma kada a yi saurin tsallakawa ɗaya gefen, domin can ma akwai rami. Wasu da suka gane cewa ba umarni ake nufi ba sai su ce to shi ke nan, duk abin da yaro ya yi na ubangidansa ne, har su jawo hadisin nan na cewa dukkanku makiyaya ne kuma kowa za a tambaye shi game da abin kiwonsa. Hadisi gaskiya ne, sai dai tambayar Lahira ta fi ta Hague faɗi. Kotu ba ta kama mutum don kawai yana da taurari a kafaɗa. Sai mai gabatar da ƙara ya nuna cewa masu laifin suna ƙarƙashin ikon kwamandan na zahiri, wato in ya ce su tsaya za su tsaya, in ya ce a kulle su za a kulle. Sai ya nuna cewa kwamandan ya sani. Sai kuma ya nuna cewa bai yi abin da ke cikin ikonsa ba don ya hana, ko ya tsayar, ko ya miƙa masu laifin ga hukumar da za ta bincika ta hukunta.

Batun iko na zahirin nan shi ya hana a kama tsohon shugaban Laberiya Charles Taylor da wannan laifi, abin da mutane da yawa ba su sani ba. Taylor dai ya yi zaman gudun hijira a Kalaba, aka cafke shi a Gamborun Ngala a 2006 yana neman tsallakawa Kamaru. Kotun musamman ta Saliyo ta same shi da laifi a 2012 ta ɗaure shi shekara 50, amma don ya taimaka wa 'yan tawayen RUF da makamai da kayan aiki da tsara hare-hare. Da aka zo kan cewa shi ne kwamandansu, alƙalai suka ce ba a tabbatar ba: ana jin maganarsa ƙwarai, amma jin magana daban, riƙe linzami daban.

Batun sani kuma kashi biyu ne, kuma wannan bambancin ban taɓa jin an ambace shi a rediyo ba. Kwamandan soja ana kama shi idan ya sani, ko kuma idan yanayin da ake ciki ya isa a ce ya kamata ya sani. Ba zai ce ban karanta rahoton ba, karanta rahoto aikinsa ne. Shugaban farar hula kuwa, minista ko shugaban ƙasa, sai an nuna ya sani ko kuma da gangan ya kau da kai daga bayanin da ya fito fili. An sassauta wa masu babbar riga, an tsananta wa masu kaki. A sammacin Putin an ambaci wannan sakin na farar hula, kan zargin kwashe yara daga Yukren zuwa Rasha. A nan gida ma, lokacin da Amnesty International ta fitar da rahotonta a watan Yunin 2015 tana cewa mutum fiye da 7,000 sun mutu a tsare a hannun sojojin Najeriya tun daga 2011, abin da ta fi jaddadawa game da manyan hafsoshin da ta ambata shi ne rahotannin mace-macen suna isa teburinsu. Rundunar soja ta musanta zargin. Amma ka ga inda aka dosa: ba a ce sun ce a kashe ba, an ce sun sani. A Disambar 2020 mai gabatar da ƙara ta kotun a lokacin, Fatou Bensouda, ta ce akwai dalilin yarda cewa Boko Haram da jami'an tsaron Najeriya duka sun aikata laifukan da ke cikin hurumin kotun.

Asalin abin a shari'ar zamani wani janar ɗin Japan ne, Tomoyuki Yamashita, wanda ya ƙwace Singafo daga hannun Ingila a 1942. An tura shi Filifin a Oktoban 1944, Amurka na dab da sauka. A Fabrairun 1945 aka yi wa fararen hula kisan gilla a Manila, an ƙiyasta kusan mutum 100,000 suka mutu a yaƙin birnin. Yamashita na can Baguio a kan tsaunuka, ya riga ya ce a fice daga Manila, kuma yawancin waɗanda suka tsaya sojojin ruwa ne ƙarƙashin Sanji Iwabuchi. Janar-janar biyar na Amurka, babu lauya ko ɗaya a cikinsu, suka yanke masa hukuncin kisa ran 7 ga Disambar 1945, ranar da harin Pearl Harbor ya cika shekara huɗu. Kotun ƙolin Amurka ta ƙi ceto shi, ko da yake alƙalai biyu, Frank Murphy da Wiley Rutledge, sun yi tir da shari'ar. Aka rataye shi ran 23 ga Fabrairun 1946. Ni dai a ganina ƙa'ida mai kyau ce aka haifa ta hanyar da ba ta da kyau, shari'ar wanda ya ci yaƙi a kan wanda aka ci. Daga baya ne aka yi mata shinge a ƙarin yarjejeniyar Geneva na 1977 da kotunan Yugoslaviya da Ruwanda.

Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne Jean-Pierre Bemba. Madugun ƙungiyar 'yan tawaye ta MLC ne a arewacin Kwango Kinshasa, hedikwatarsa a Gbadolite. A Oktoban 2002 shugaban Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya, Ange-Félix Patassé, ya nemi ɗauki domin François Bozizé na neman kifar da shi. Bemba ya tura masa mayaƙa wajen 1,500, suka haye kogin Ubangi, suka zauna har Maris na 2003. A watannin nan aka yi kisa, aka kwashe dukiyar mutane, aka yi wa mata da 'yan mata da maza fyaɗe, wasu a gaban iyalansu. Bemba bai zauna tare da su ba, yawanci yana gida yana magana da kwamandojinsa ta oba-oba da wayar tauraron ɗan'adam. Ba a tuhume shi da cewa ya ce a yi fyaɗe ba. Wannan shi ne alhakin kwamanda tsantsarsa, ba gauraye.

An kama shi a Beljiyam a 2008. Ran 21 ga Maris na 2016 alƙalai uku, dukkansu mata, daga Brazil da Kenya da Japan, suka same shi da laifi, daga baya suka ɗaure shi shekara 18. Shi ne na farko da ICC ta taɓa kamawa da sashe na 28. Lauyoyinsa sun ce ai bai naɗe hannu ba: ya sa an yi bincike, ya tura kwamiti garin Zongo, ya rubuta wa wakilin Majalisar Ɗinkin Duniya wasiƙa, kuma kotun soja a Gbadolite ta gurfanar da sojoji bakwai. Alƙalan suka duba suka ce sojojin nan bakwai ƙanana ne, kuma kan kwasar ganima aka tuhume su, maganar fyaɗe da kisa ba a bi ta ba. Suka ce matakan sun yi matuƙar kaɗan, kuma abin da ya fi damun Bemba shi ne wanke sunan ƙungiyarsa.

Sai aka ɗaukaka ƙara. Ran 8 ga Yunin 2018 alƙalai uku cikin biyar suka wanke shi, biyu suka ƙi. Cikin ukun akwai ɗan Najeriya, Chile Eboe-Osuji, wanda shi ne shugaban kotun a lokacin. Hujjarsu ta haɗa da cewa kotun farko ba ta yi la'akari da wahalar da kwamanda ke sha ba idan yana nesa, sojojinsa na wata ƙasa, kuma ba a buƙatar kwamanda ya yi duk abin da hankali zai iya kawowa, sai abin da ya dace da halin da yake ciki. Suka ƙara da cewa ko da don kare suna ya ɗauki mataki, wannan kaɗai bai ɓata matakin ba.

Na san akwai hikima a ciki. Shari'ar laifi ba a yin ta da zato, kuma wanda ya ga abin da aka yi wa Yamashita ba zai so a rataye mutum don yana da muƙami kawai ba. Amma duk wanda ya girma a ƙasar da ake kafa kwamitin bincike bayan kowace ta'asa ya san abin da wannan hukunci zai iya zama a hannun mai wayo. A rantsar da kwamiti a gaban kyamara, a ba shi mako shida, a kama kofur biyu, a karɓi rahoto da hannu bibbiyu a saka a durowa. In kotu za ta lissafa irin wannan a matsayin an yi abin da ya dace, to an koya wa kowane janar yadda zai sayi kariya da kuɗin zaman kwamiti. Maganar nisa kuma ta fi ba ni mamaki. Wane babban kwamanda ne yake kusa? Mai bindiga ne a kusa, mai taurari kullum yana nesa, kuma domin na nesan aka rubuta sashen tun farko. Mutumin da wayarsa ta isa ta tura bataliya ta haye kogi, ta isa ta dawo da ita.

Mutum fiye da 5,000 ne kotun ta amince su shiga shari'ar a matsayin waɗanda aka zalunta. Da aka wanke Bemba, maganar a ɗora masa diyyarsu ta faɗi, tunda babu mai laifi. Wani hukuncin daban da aka yi masa na sayen shaidu bai faɗi ba, shi ya hana shi takarar shugaban ƙasa a 2018. Ya koma Kinshasa bayan shekara goma a tsare, kuma a watan Maris na 2023 Shugaba Félix Tshisekedi ya naɗa shi mataimakin firaminista kuma ministan tsaro.