Cokceri: amsoshin tambayoyin da kuka ƙi daina yi min

Da zarar watan Agusta ya raba, 'ya'yan itacen nan suka fara baƙi a bakin hanyoyin lardunan Manitoba da Saskacewan na Kanada, sai hotuna su yi ta shigo min daga 'yan'uwanmu mazauna Kanada da arewacin Amurka, kowa da tambayarsa, kuma duk tambayar ɗaya ce da ta bara. Na amsa har bakina ya gaji. Ga shi a rubuce, wanda ya sake tambaya wannan zan tura masa.

Malam, wai mene ne shi?

Itacen Arewacin Amurka ne. Turawa na rubuta sunansa chokecherry, masana tsirrai kuma su ce Prunus virginiana. Ɗan ɗaki ɗaya ne da ceri, dangin tuffa na nesa. Tsawonsa mita 1 zuwa 6, galibi a cunkushe yake fitowa, kurmi guda. Yana farin fure a zangarniya wajen Mayu zuwa Yuni, sannan ya zuba ƙananan 'ya'ya da ba su cika wuce santimita ɗaya ba, su fara da ja su ƙare da baƙi.

Me sunansa da Hausa?

Ba shi da shi. Ba namu ba ne.

To ana ci?

Ana ci. Sai dai bauri gare shi, irin na ɗanyar kanya, wanda ke ɗaure baki ya bushe maƙogwaro. Masu gaggawa su tsinka yana ja, su tofar, su zo suna ce min na yaudare su. Ku jira ya yi baƙi sosai ya yi laushi, baurin zai ragu, ko da yake ba ya ƙarewa. A tsotse naman, a tofar da ƙwallon.

Kuma kafin ka kai baki, matse ɗaya ka duba. Cokceri ƙwallo ɗaya tak gare shi, mai tauri. In ka ga 'yan iri uku ko huɗu a ciki, to wani itacen ne da ake kira bokton, wanda shi ma ya cika waɗannan yankunan da baƙaƙen 'ya'ya, kuma zawo zai sa ka. Hoton waya ba ya nuna min cikin ɗan itace, don haka a daina turo min hoto ana cewa in tabbatar.

Zan zo hutu gida, in taho da irin in shuka a gonarmu ta Kano?

A'a. Itacen da ke jure sanyin da ya kai digiri 40 ƙasa da sifili, wanda irinsa ba ya ko tsirowa sai ya kwashe wata uku zuwa biyar cikin sanyi da laima, shi za ka kai inda hunturu bai wuce a jawo bargo ba? Ko ka yaudari irin a firji ya tsiro, itacen kansa sai ya sha sanyi kowace shekara kafin ya yi fure. Ka shuka magarya ko ɗinya, su ne za su yi maka 'ya'ya.

An ce ƙwallon guba ne, amma na ga 'yan asalin ƙasar suna daka shi har da ƙwallon. Wanne ne gaskiya? Zan iya markaɗa shi a bilenda?

Yauwa, Hajiya, wannan ita ce tambaya. Duka biyun gaskiya ne, shi ya sa amsar ba ta gajarta.

A cikin ƙwallon akwai wani sinadari, amigdalin. Muddin ƙwallon bai fashe ba, yana nan a kulle. Wanda ya haɗiye ɗaya ko biyu bisa kuskure ya kwantar da hankalinsa, yadda suka shiga haka za su fita. Amma in aka fasa ƙwallon, cikinsa ya haɗu da ruwa, sai sinadarin ya warware ya saki sayanaid, gubar da ke hana jiki amfani da iskar da aka shaƙa. Ita ce dai gubar da ke cikin rogo mai ɗaci, wadda saboda ita ake jiƙa shi kwana da kwanaki, a matse, a soya, kafin ya zama garin da za a ci.

Ƙabilun filayen tsakiyar nahiyar, irin su Lakota da Blakfut da Kiri, sun daɗe suna daka 'ya'yan a kan dutse, nama da ƙwallo gaba ɗaya. Amma dubi abin da ke biyo baya. Sai su mulmula dakakken ƙanana-ƙanana, su lallatsa shi ya yi fale-fale, su shanya a rana ana juyawa har ya bushe ƙayau. Sayanaid kuwa ba ta da nauyin zama, a digiri 26 ma tafasa take ta bi iska, don haka shanyar nan tana korar mafi yawanta. Daga baya su haɗa shi da busasshen naman ɓaunar ƙasarsu da kitse, ya zama guzurin da ake kira femikan, ko kuma su dafa shi ya yi kauri, wanda Lakota ke kira wojafi. Dafuwar ma ƙarin kora ce.

To ke kuma me za ki yi? Ki zuba a bilenda, ki markaɗa, ki tace, ki sa ƙanƙara, ki miƙa wa yara nan take. Kin fasa ƙwallon, kin ba shi ruwa, ba shanya, ba wuta. Kin yi rabin aikin da ke fito da gubar, kin bar rabin da ke korar ta. Shin kofi ɗaya zai kwantar da babban mutum? Ya danganta da yawan ƙwallon, da yadda ya niƙu, da tsawon lokacin da ya zauna, da nauyin mai sha. Babba zai iya sha ya tashi lafiya, ya zo yana min gardama. Yaro mai shekara uku lissafinsa daban ne, kuma a kansa nake magana.

Shawarata, ga wadda ba ta koyi dakan a hannun masu shi ba: ki bar ƙwallon da ransa. Ki wanke 'ya'yan, ki cire kara da ganye, ki zuba ruwa daidai ya rufe su, ki bar su a wuta kaɗan-kaɗan kamar minti 20 zuwa 30 har su farfashe. Ki danna da bayan ludayi a hankali, ki tace da ƙyalle mai tsabta, ki zubar da ƙwallayen. Ruwan zai fito ja-wur mai duhu. Da sukari sai ya zama abin sha, ko a ƙara dafawa ya yi kauri a shafa a burodi. In kuwa kina da maƙwabciya 'yar ƙabilun nan da ta yarda ta koya miki na gargajiya, ki zauna ki koya har ƙarshe, kada ki tashi a tsakiya ki ce kin gane. In yaro ya tauna ƙwallaye da yawa, ya fara ciwon kai, jiri, amai ko haki, a kira 911, lambar agajin gaggawa, kada a tsaya ba shi madara.

Ina da 'yan tumaki a bayan gari, ga itacen a jikin shinge.

Ka raba su. Ganyen ya fi 'ya'yan haɗari, musamman sabon toho da wanda ya yi yaushi bayan an sare reshe, ko fari ko jaura ta buge shi. Duk wanda ya yi kiwo a gida ya san abin da gyauron dawa ke yi wa saniya mai yunwa, to gubar guda ce. Masu tuƙa, wato shanu da tumaki da awaki, su suka fi saurin kamuwa. Dabba ta fara haki, ta zubar da yawu, ta yi tangaɗi, wani lokaci kafin awa guda ta faɗi. Akwai allurar da likitan dabbobi ke yi, in ya iso da wuri. Babban kuskuren shi ne mutum ya sassare rassan ya jibge su inda dabbobi za su kai baki, yana ganin ya yi gyara.

In shuka a tsakar gida?

In kana da fili, kuma ba ka da ƙyuyar sara. Ba ya zaɓen ƙasa, yana son rana, yana jure fari in ya kama, shi ya sa manoman filayen Kanada ke jera shi don tare iska da riƙe ƙasa. Amma saiwarsa na tafiya ta ƙarƙashi tana tsiro da 'ya'ya, ka shuka ɗaya a wayi gari yana leƙa gidan maƙwabci. Na ado da ake sayarwa, Schubert da Canada Red, ganyensu kan fito kore ya rikiɗe ya koma shunayya. Suna da kyau, sai dai su ma ba su tsira daga baƙin ƙullutun nan da ke kumbura a reshe ba. Cuta ce. Ka yanke reshen can ƙasa da ƙullutun lokacin hunturu, ka kawar da shi. In kuma kusa da kai akwai masu lambun ceri ko fic (peach a Turance), ka haƙura, domin cokceri na ɗauke da wata cuta da ƙwari ke kai wa itatuwansu.

An ce maganin tari ne da ciwon ciki?

Mun zo wurin. 'Yan asalin ƙasar sun yi amfani da ɓawonsa don tari da gudawa, gaskiya ne. Meriwether Lewis ma, wani Ba'amurke mai binciken ƙasa, a tafiyarsa ta kogin Misuri a Yunin 1805, ya dafa rassansa ya sha da ciwon ciki ya kama shi, ya rubuta cewa ya samu sauƙi. Amma ɓawon ma yana da gubar, kuma na san halinmu, in an ce cokali sai mu sha kwano. Kana zaune inda akwai asibiti, ka je.

Wai har jiha guda ta ɗauke shi alamarta?

Dakota ta Arewa, a 2007, kuma 'yan makarantar garin Williston ne suka nema. Garin Lewistown na Montana ma yana yi masa biki duk Satumba.

Na ga ana sayar da garin aroniya, shi ne?

Ba shi ba ne. Sunansu na Turanci ne ya yi kama (aroniya ita ce chokeberry), itatuwan daban. Karanta kwalin kafin ka biya.