Abin da sanyi da tsauni suka yi wa jikin Ranulph Fiennes

Duk wanda ya ga hoton Ranulph Fiennes da kyau zai lura cewa yatsun hannunsa na hagu guntaye ne, kamar an datse su a kan layi ɗaya. Wannan Baturen Ingila, wanda aka haifa a shekarar 1944, yana cikin mutanen da suka fi kowa yawo a wuraren da ɗan Adam ba ya iya zama, kuma jaridu sun saba ba da labarinsa ta fuskar bajinta. Ni kuwa da nake aikin lafiya, abin da ya fi jan hankalina shi ne jikinsa, domin kusan duk abin da muke karantarwa game da sanyi da yunwa da ciwon zuciya ya auku a kan mutum ɗaya, kuma an rubuta yadda ya auku.

Ya tashi a Afirka ta Kudu, ya yi aikin soja a Birtaniya da ƙasar Oman, sannan tsakanin 1979 da 1982 ya jagoranci tafiyar da ta kewaye duniya daga kudu zuwa arewa, ta ƙasa da ta ruwa. Matarsa Ginny ce ta kawo shawarar tafiyar. Sun ratsa hamadar Sahara har suka ɓulla Abidjan, suka isa tsakiyar ƙuryar kudu ta duniya a Disamba 1980, suka isa ta arewa a Afrilu 1982, inda daga baya shi da abokinsa Charles Burton suka shafe fiye da wata uku a kan wani falalen ƙanƙara da ke yawo a teku kafin jirginsu ya iya ɗaukar su.

Tafiyar da ta fi amfanar masu nazarin lafiya ita ce ta 1992 zuwa 1993, lokacin da shi da wani likita mai suna Mike Stroud suka ratsa nahiyar Antatika da ƙafa, ba tare da an kai musu wani tallafi a hanya ba. Kowannensu yana jan kaya masu nauyin fiye da kilo 200 a kan wani irin amalanke marar ƙafa da ke sulu a kan ƙanƙara, kuma sun yi fiye da kwana 90 suna tafiya. Stroud ya riƙa ɗibar jininsu da fitsarinsu domin a auna daga baya. Abin da aka gano shi ne, duk da suna cin abinci mai kalori (ma'aunin ƙarfin da abinci ke ba jiki) wajen 5,000 a rana, wato ninki biyu na abin da babban namiji yake buƙata, a wasu ranakun jikinsu yana ƙona fiye da kalori 10,000. Idan abin da ke fita ya fi wanda ke shiga, jiki yakan fara cinye kitsensa, idan kitse ya ƙare ya koma kan tsoka. Kowannensu ya rasa fiye da kilo 20. Ramar da ake gani ba ita kaɗai ce matsalar ba: mutumin da yunwa ta cinye ba ya iya ɗumama kansa, rauninsa ba ya warkewa da wuri, kuma tunaninsa yakan yi nauyi a daidai lokacin da yake buƙatar yanke shawara mai kyau.

Batun yatsun kuwa a shekarar 2000 ya faru. Fiennes ya tashi shi kaɗai daga gaɓar arewacin Kanada da nufin isa ƙuryar arewa, bai yi nisa ba ƙanƙarar da ke rufe da teku ta rufta da kayansa. A cikin kayan akwai abinci da abin da zai nemi taimako da shi, saboda haka ya tsoma hannun hagu cikin ruwa domin ya jawo su. Ruwa yana zuƙe zafin jiki da sauri kusan ninki 25 fiye da iska, kuma hannu jiƙaƙƙe da aka fito da shi cikin iskar da ta yi ƙasa da sifiri sosai ba ya ɗaukar fiye da 'yan mintuna kafin ya daskare. Yadda abin yake aukuwa shi ne, idan sanyi ya tsananta, jiki yakan tsuke jijiyoyin jinin da ke zuwa yatsu da kunne da hanci domin ya tanadi zafi ga zuciya da ƙwaƙwalwa. Idan aka daɗe a haka, ruwan da ke cikin naman ya zama ƙanƙara, ƙananan jijiyoyi su toshe, nama ya fara mutuwa. Fata takan yi fari ko toka-toka, ta yi tauri kamar kyandir, kuma babban haɗarin shi ne zafin ciwon yakan ɗauke, mutum ya ɗauka sauƙi ya samu.

Da ya koma Ingila, likita ya ce masa a jira wasu watanni kafin a yanke. Wannan ba sakaci ba ne, ƙa'idar aikin ce, domin a makonnin farko ba wanda zai iya nuna iyakar naman da ya mutu da wanda zai farfaɗo, kuma wanda ya yi gaggawar yanka zai iya zubar da naman da za a buƙata wajen rufe dungulmin. Amma busassun kawunan yatsun sun dame shi, duk abin da suka taɓa sai zafi ya ratsa shi, sai ya shiga ɗakin ajiyar kayan aikinsa, ya matse yatsun a cikin ƙarfen da kafintoci ke riƙe katako da shi, ya sa ƙaramin zarto ya yanke su da kansa. Wannan shi ne ɓangaren labarinsa da mutane suka fi so, kuma shi ne wanda na fi ƙi. Ya tsira ne saboda ya yanka ta cikin mataccen nama, kuma akwai likitan tiyata da ya gyara wurin daga baya. Na sha ganin masu ciwon suga da suka sa reza suka kankare baƙin naman da ke yatsan ƙafa, ko suka kai wa mai yankan farce, bayan mako biyu a kawo su ƙafar ta kumbura tana wari, abin da da yatsa ɗaya za a cire ya koma ƙafa guda.

Tun da yanzu 'ya'yanmu da yawa suna zuwa karatu da neman abinci a Rasha da Kanada da arewacin Sin, ya kamata a san abin yi idan gaɓa ta daskare. A kai mutum wuri mai ɗumi, a cire masa jiƙaƙƙun kaya da zobe, a tsoma gaɓar a ruwa mai ɗumin jiki, tsakanin maki 37 da 39 a ma'aunin Salshiyos, har launinta ya dawo. Kada a murza, kada a kanga a wuta ko a jikin na'urar ɗumama ɗaki, domin naman da ba ya ji zai ƙone mai shi bai sani ba. Idan akwai yiwuwar gaɓar ta sake daskarewa kafin a isa asibiti, gara a bar ta yadda take, domin narkewa da sake daskarewa ya fi ɓarna. Akwai kuma haɗarin da matafiyan ƙanƙara ke tsoro ƙwarai, wanda mu ma muke da shi a lokacin hunturu: kunna risho a cikin rufaffiyar tanti yana tara iska mai guba wadda ba ta da wari ko launi, irin wadda kaskon gawayi ko janareta ke tarawa a ɗakin da aka rufe ƙofa da taga. Ciwon kai da jiri da kasala su ne alamunta na farko, kuma mai barci ba ya jin su.

A watan Yuni 2003 ba ƙanƙara ce ta kusa kashe shi ba. Yana zaune a cikin jirgin sama a filin jirgin Bristol, kafin a tashi, zuciyarsa ta buga. Ma'aikatan agajin filin jirgin suna kusa, suna da na'urar da ke farfaɗo da zuciya da wutar lantarki, aka garzaya da shi asibiti, ya yi kwana uku cikin doguwar suma, aka yi masa tiyatar buɗe wa jini sabbin hanyoyi biyu a zuciya. Mutum ne da ya fi yawancinmu ƙarfi da motsa jiki, duk da haka jijiyoyin zuciyarsa sun toshe. Abin da ya cece shi mintuna ne: idan zuciya ta tsaya, ƙwaƙwalwa takan fara lalacewa cikin 'yan mintuna kaɗan, shi ya sa ake koyar da danna tsakiyar ƙirji da ƙarfi sau 100 zuwa 120 a minti har taimako ya iso. Wata huɗu da 'yan kwanaki bayan haka, shi da Stroud suka yi gudun yada ƙanin wani sau bakwai cikin kwana bakwai, kowanne kilomita 42, daga Kudancin Amurka zuwa Singafo da Landan da Alƙahira da New York, duk da likitansa ya gargaɗe shi kada bugun zuciyarsa ya wuce 130 a minti. Sun tara kuɗi domin masu ciwon zuciya, amma ba zan ba kowane majinyaci shawarar ya gwada irin wannan ba.

Wurin da ya fi burge ni shi ne tsaunin Everest, mai tsayin mita 8,849, inda iskar oksijin da mutum ke samu a kowane numfashi ba ta wuce kashi ɗaya cikin uku na wadda ake samu a bakin teku ba. A can zuciya tana aiki fiye da kima, jini yana yin kauri, ruwa yana iya taruwa a huhu ko a ƙwaƙwalwa. A shekarar 2005 ya hau ta ɓangaren Tibet, saura 'yan ɗaruruwan mitoci ya kai ƙololuwa sai ya ji ƙirjinsa ya ɗaure. Ya sha maganin zuciyar da yake ɗauke da shi, ya juya ya sauko. A 2008 ya sake gwadawa ta ɓangaren Nepal, gajiya ta ci ƙarfinsa, ya sake juyowa. Sai a watan Mayu 2009, yana da shekara 65, ya taka ƙololuwar. Mutane da yawa da suka mutu a wannan tsauni sun ji irin alamar da ya ji, suka ce bari su ƙarasa tukuna. Haka nan muke jin magidanci yana cewa ƙirjinsa ya yi nauyi tun da asuba, zafin yana sauka a hannun hagu ko muƙamuƙi, gumi yana keto masa, amma ya ce gyambon ciki ne, bari ya sha kanwa, ko bari a tashi daga kasuwa. Ciwon ƙirji irin wannan da ya wuce 'yan mintuna na asibiti ne a take.

A farkon 2013, yana dab da cika shekara 69, ya koma Antatika domin ratsa ta a lokacin hunturunta, abin da ba a taɓa yi ba. Tun ana atisaye, maɗaurin katakon sulun da ke ƙafarsa ya samu matsala, ya cire safar hannu domin ya gyara, cikin sanyin da ya kai wajen maki 30 ƙasa da sifiri. Hannun hagun nan ya sake daskarewa, dole aka fitar da shi, sauran abokan tafiyarsa suka ci gaba babu shi. Gaɓar da sanyi ya taɓa ci takan fi saurin kamuwa a karo na biyu, kuma a lokacin an yi zargin cewa ciwon suga da ya fara kama shi ya taimaka wajen raunana gudun jini a hannun. Suga yana lalata ƙananan jijiyoyin jini da na ji a yatsu sannu a hankali, shekaru kafin mai shi ya san yana da shi, kuma bai damu da ko ƙanƙara mutum yake takawa ko yashin rani ba. Wanda ya haura shekara 40, ko yake da mai ciwon a danginsa, ko yake jin tafin ƙafarsa yana dindiris ko kamar ana tsira masa allura, ya je a auna shi, ɗigon jini ɗaya ne daga kan yatsa. Wanda aka riga aka tabbatar yana da shi kuma ya riƙa duba ƙafafunsa kowane dare, har tsakanin yatsu, ya kuma zazzage takalmi kafin ya sa.