Me ake nufi da "daidaiton albashi"?

Duk ranar ma'aikata ta 1 ga Mayu ko ranar mata ta 8 ga Maris sai ka ji shugabannin ƙwadago suna kiran a yi daidaiton albashi tsakanin maza da mata. Mutane da yawa suna ɗauka ana nufin malami da malama da ke mataki ɗaya su karɓi kuɗi ɗaya a ƙarshen wata. Wannan yana ciki, amma shi ne mafi sauƙi. Inda gizo ke saƙar shi ne: wa ke yanke hukuncin cewa wannan aikin na ƙwararru ne, wancan kuma kowa ma zai iya?

Yarjejeniya ta 100 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya, wadda aka amince da ita a 1951, ta ce a biya mace da namiji daidai idan darajar aikinsu ɗaya ce. Ba dole sai aikin ya zama iri ɗaya ba. Ana duba ƙwarewar da yake buƙata, da wahalarsa, da nauyin da ke wuyan mai yinsa, da yanayin wurin. Idan ma'auni ya zo daidai, biya ma ya zo daidai, ko da ita tana kicin shi yana wajen fenti.

Mata ma'aikata ne suka kawo maganar nan inda take, kuma ba kullum ƙungiyoyinsu suka mara musu baya ba. A Ingila ta ƙarni na 19, ƙungiyoyi da dama ba sa ma karɓar mata. Hujjarsu ita ce namiji ke ciyar da gida, mace kuwa tana karɓar ɗan abin da aka ba ta, tana karya wa maza farashi. Shi ya sa mata suka kafa nasu: Emma Paterson ta fara a 1874. A 1888 mata da 'yan mata kusan 1,400 na masana'antar ashana ta Bryant & May a Landan suka tafi yajin aiki saboda tarar da ake zaftare musu da kuma korar ɗaya daga cikinsu, suka yi nasara, suka kafa ƙungiya. A wannan shekarar Clementina Black ta gabatar da ƙudurin biya ɗaya a babban taron ƙwadago na Birtaniya, aka amince. Daga nan ƙudurin ya kwanta a takarda shekaru da dama.

Abin da ya tashe shi ya faru a kamfanin motoci na Ford da ke garin Dagenham na Ingila a watan Yunin 1968. Mata 187 masu ɗinka rigunan kujerun mota suka ajiye aiki. Kamfani ya sa su a rukunin B, na masu ƙarancin ƙwarewa, alhali suna ganin rukunin C ne nasu. Ko a cikin B ɗin ma kashi 85 cikin 100 na kuɗin maza ake ba su. Mota ba ta fita kasuwa babu kujera, don haka aiki ya tsaya cik. Ministar ƙwadago Barbara Castle ta shiga tsakani, bayan mako uku suka koma da kashi 92. A 1970 aka yi dokar biya ɗaya, ta fara aiki a ƙarshen 1975.

Sai dai ainihin abin da suka fito nema, wato a yarda ɗinkinsu ƙwarewa ce, ba su samu ba sai da suka sake yajin aiki a 1984. Shekara 16! A ganina nan ne zuciyar maganar take. Kamfani zai iya rantsewa ba ya bambanta mace da namiji a rukuni ɗaya, ya kuma faɗi gaskiya, alhali ya tattara matan duka ya zuba a rukunin ƙasa.

Julie Hayward, mai dafa abinci a ma'aikatar ƙera jiragen ruwa ta Cammell Laird a Birtaniya, ta kai ƙara da goyon bayan ƙungiyarta, ta ce aikinta bai gaza na mai fenti da kafinta ba. Ta yi nasara a kotun ƙoli ta ƙasar a 1988.

Nijar ta rattaba hannu a yarjejeniyar ta 1951 a shekarar 1966, Najeriya kuma a 1974. Sashe na 17 na tsarin mulkin Najeriya ma ya ambaci biya ɗaya ga aiki ɗaya ba tare da duba jinsi ba, sai dai yana cikin babin manufofin ƙasa, wanda kotu ba ta tilasta wa gwamnati bi kai tsaye. A aikin gwamnati, inda mataki ke yanke albashi, ba kasafai ake ganin bambancin a takardar biya ba. Ana ganinsa a wajen wa aka ɗauka aikin dindindin, wa aka bari a na wucin gadi, wa ake ƙara wa girma. Ya fi muni a ƙananan makarantun kuɗi, da wajen masu shara, da 'yan aikin gida, inda mata suka yi yawa, babu takardar ɗaukar aiki, kuma akasarinsu ba su da ƙungiyar da za ta zauna da mai gida a yi ciniki.