Cinye-Duka: Tambayoyi Kan Falsafar Da Aka Ƙaga A Teburin Mai Shayi

Mece ce Cinye-Duka, kuma wa ya kawo ta?

Ba ɗariƙa ba ce, ba ta da shehi, ba ta da littafi. Raha ce da ta taso a teburin wani mai shayi a Yalwa, nan Bauchi, inda ɗalibai ke zaman hira bayan isha'i. Wani daga cikinsu ne ya ce tunda duk masu neman hasken zuciya ta hanyar yunwa da gudun duniya suka bi, shi ta ɗaya gefen zai ɓullo: cinye duniyar zai yi. Hujjarsa ita ce sha'awa ke rufe zuciya, sha'awa kuwa ba ta rayuwa sai in da sauran abin da mutum bai ɗanɗana ba. In ka ci komai, ka sha komai, ka ga komai, marmarin me ya rage maka? Daga nan sai buɗi. Aka yi dariya, amma da aka ce a rusa maganar, sai kowa ya kama sosa ƙeya.

An taɓa samun masu irin wannan ra'ayi da gaske?

An samu 'yan uwansa, ba shi kansa ba. Aristifus, almajirin Sokaratis masanin falsafar Girka, mutumin birnin Sairin da ke Libiya ta yau, ya koyar da cewa daɗin da kake ji yanzu shi ne makasudin rayuwa. A Indiya 'yan Carbaka sun musanta lahira, suka ce a more. Akwai kuma Agori, masu zama a wuraren ƙona gawa a Baranasi, da ke cin abin ƙyama da gangan don wai su wuce bambancin tsarki da ƙazanta. Su ne mafi kusa, sai dai ƙyama suke son kashewa, ba ciki suke son cikawa ba.

Wanda aka fi yi wa ƙage shi ne Efikuras, wani masanin falsafar Girka da aka haifa a shekara ta 341 kafin haihuwar Annabi Isa. Har gobe a Turai da sunansa ake kiran mai son girki mai daɗi, alhali mutumin da burodi da ruwa ya gamsu a lambunsa na Atina. Shi kuwa Buda, wanda ya kafa addinin da ake kira da sunansa, ya taɓa ɓangarorin biyu: ya tashi a gidan sarauta cikin daula, ya fita ya yi shekara 6 yana azabtar da jikinsa har ya kusa mutuwa, sannan ya bar duka biyun ya kama tsakiya.

To ta ina hujjar ta karye?

Ta ɗauki sha'awa kamar randa, wadda in an yi ta zuba ruwa za ta cika. Ko cikin kansa ba haka yake ba. Tumbin babban mutum na ɗaukar kusan lita 1 ba tare da takura ba, ya kuma miƙe fiye da haka in an matsa masa, amma bayan 'yan awoyi ya zazzage, ya saki sinadarin girelin, wanda masana suka gano a 1999, ya aika wa ƙwaƙwalwa cewa a kawo wani. Wanda ya share tuwo da rana, da magariba ga shi yana leƙen kicin.

Imam Busiri, mutumin Masar, ya riga ɗan Yalwa amsa tun ƙarni na 13. A cikin Burda, wadda ake rerawa a zaurukanmu, ya yi gargaɗi cewa kada a nemi karya sha'awar rai ta hanyar biye mata, domin abinci ƙara wa mai haɗama kwaɗayi yake yi. Hadisin Buhari da Muslim ma ya ce da ɗan Adam zai samu kwari biyu na dukiya, da ya nemi na uku. A ganina nan ne gaba ɗaya maganar take: "komai" ba ya tsayawa wuri ɗaya ka cim masa, kana ci yana ƙaruwa.

Ke nan yunwa ce hanya?

A'a. Aya ta 31 ta Suratul A'araf cewa ta yi a ci a sha, kada a yi ɓarna. Hadisin da Tirmizi ya ruwaito ya raba ciki uku: abinci, ruwa, numfashi. An ma hana jera azumi ba buɗa-baki.

In raha ce, me ya sa ake ɓata lokaci a kanta?

Domin da yawanmu mabiyanta ne ba tare da mubaya'a ba. Dubi mai waya a hannu ƙarfe biyun dare, yana jan allo sama a TikTok, yana ce wa kansa wannan bidiyon ne na ƙarshe. Ai shi ma jira yake ya ga ƙarshen komai ya huta. Masa aƙalla takan ƙare a tanda. Wannan kuwa an gina shi ne don kada ya ƙare.

Shi mai falsafar ya gwada?

Ya gwada, da masa ya fara, tunda a Bauchi muke. Wata Asabar da hantsi muka raka shi wajen wata mai masa a Wunti, ya ce a zubo ba ƙidaya, da miyar taushe da kan saniya. Ya ci har gumi ya keto masa, ya jingina da bango ya lumshe ido. Muka ce, "Malam, hasken ya zo?" Ya ce, "Ku dai samo mini mai Keke Napep." Barci ya yi har la'asar. Da ya farka, abin da ya fara tambaya shi ne ko an rage masa fura.