Yuraniyom da makamashin nukiliya

Yuraniyom ƙarfe ne mai nauyin gaske, launinsa fari-fari kamar azurfa, kuma ya fi dalma nauyi. Alamarsa a kimiyya U ce, lambarsa 92. Wani Bajamushe, Martin Klaproth, shi ya gano shi a 1789 ya raɗa masa sunan duniyar Yuranus da ba a jima da hango ta ba. Sai a 1938 aka gano cewa ƙwayar zarrarsa tana iya tsagewa, daga nan ne fa ƙarfen ya yi daraja.

Wanda ake haƙowa a ƙasa kusan dukansa nau'in U-238 ne, shi kuma U-235 da ake nema, wanda ƙwayarsa ke tsagewa cikin sauƙi, bai wuce kashi 0.7 cikin ɗari ba, shi ya sa aikin ke da wahala, sai an niƙa dutsen an tace ya zama gari ruwan ɗorawa, a mai da shi iskar gas a zuba a injinan da ke juyawa da mugun gudu har U-235 ɗin ya kai kashi 3 zuwa 5. Wannan ya ishi tashar lantarki. Na bam kam sai an kai wajen kashi 90, kuma a nan mutane da yawa ke rikicewa su ɗauka duk abu ɗaya ne.

A cikin tukunyar nukiliya niyutiron, wani ɗan mitsitsin abu da ke cikin ƙwayar zarra, ke bugun ƙwayar U-235 ta tsage, zafi ya fito tare da wasu niyutiron da za su bugi na kusa, zafin ya tafasa ruwa, tururi ya juya injin lantarki. Babu hayaƙi, amma ragowar man, wato yuraniyom ɗin da aka gama amfani da shi, na fitar da tiriri mai cutarwa shekaru dubbai, adana shi babban aiki ne.

Kazakistan ce kan gaba wajen haƙo shi. Maƙwabtanmu na Nijar ma tun 1971 suke haƙa a Arlit, jihar Agadas.

Abin da ke ba ni takaici shi ne ƴan Zariya da yawa ba su san akwai tukunyar nukiliya a garinsu ba. Sunanta NIRR-1, tana cibiyar binciken makamashi ta Jami'ar Ahmadu Bello, ƙirar Chaina ce, ƙarfinta wajen kilowat 30 kacal, ta fara aiki a 2004. Ba ta ba da wuta, aikinta gwajin ƙasar noma da ma'adinai da horar da ɗalibai. A 2018 aka cire mata man da aka tace sosai aka mayar da shi Chaina, aka sa mata na kashi 13.