Darussan girkin Indonesiya ga masu yawon buɗe ido

Darussan girki na baƙi wani reshe ne na harkar yawon buɗe ido a ƙasar Indonesiya, inda matafiyi ke biya a koya masa dafa abincin ƙasar da hannunsa, galibi cikin rabin yini, da ganyaye da saiwoyin da aka ciro daga lambu ko aka sayo a kasuwar asuba. Sana'ar ta fi ƙarfi a tsibirin Bali, musamman garin Ubud da ƙauyukan da ke kewaye da shi a gundumar Gianyar. Masu koyarwa sun haɗa da iyalai a cikin gidajensu, da masu gidajen abinci, da manyan otal-otal, da gonakin da suka ce ba sa zuba takin zamani. Komai yawan kalolin abincin da za a jera a tebur, darasin Bali kusan abu ɗaya yake koyarwa: yadda ake haɗa kayan ƙamshin da ake kira base genep.

Asalin kayan girkin

Tsibiran Indonesiya sun haura 17,000, kuma tun kafin Turawa su san hanyar zuwa can, fataken Jawa da Sin da Indiya da Larabawa ke safarar kayan ƙamshinsu. Kanumfari asalinsa daga Ternate da Tidore da wasu ƙananan tsibirai na arewacin Maluku ne, gyaɗar ƙamshi kuma daga tsibiran Banda. Turawan Fotugal sun ci birnin Malaka, a ƙasar Malesiya ta yau, a 1511, shekara guda bayan haka jiragensu suka isa Maluku. Kamfanin kasuwancin Holand na gabashin Indiya, wato VOC, wanda aka kafa a 1602, shi ya ƙwace cinikin daga hannunsu. A 1621 gwamnan kamfanin, Jan Pieterszoon Coen, ya auka wa Banda da yaƙi, aka kashe ko aka kori mafi yawan mutanen tsibiran, aka raba gonakin gyaɗar ƙamshi ga Turawa, bayi na yi musu aiki. Darajar ɗan wannan iri ta kai ga a yarjejeniyar Breda ta 1667 Ingila ta sakar wa Holand ɗan tsibirin Run na Banda, ita kuma ta riƙe Manhattan, inda birnin New York yake yau.

Sai dai tukunyar yau da kullum ba a kan kanumfari ta dogara ba. Abin da ya fi yawa a cikinta saiwoyi ne ɗanyu, irin citta da gangamau, da albasa da tafarnuwa da kwakwa. Barkono, wanda yanzu babu cin abinci sai da shi, baƙo ne: daga nahiyar Amurka jiragen Fotugal da Sifaniya suka kawo shi wajen ƙarni na 16, kuma ta irin wannan hanya gyaɗa da rogo da masara da gwanda da tumatir suka shigo. Kafin zuwansa, yajin abinci daga masoro da citta da wani dogon masoro na Jawa yake fitowa. Daga Sinawa aka samo awara, wadda suke kira tahu, da taliya da ruwan waken suya, wanda mutanen Jawa suka ƙara wa sukarin da ake yi da ruwan bishiyar kwakwa ya zama kecap manis mai kauri da zaƙi. Tempe kuwa, curin waken suya da ake bari fumfuna ta ɗinke shi, na Jawa ne tsantsa. Ana ganin ambatonsa a rubuce-rubucen Jawa na wajen farkon ƙarni na 19, kuma mai yiwuwa ya girmi hakan.

Yadda baƙi suka iso madafa

Yawon buɗe ido a Bali ya faro ne zamanin mulkin Holand. Kamfanin jiragen ruwa na KPM ya soma jigilar baƙi a kai a kai a shekarun 1920, aka buɗe Bali Hotel a Denpasar a 1928. Ubud ya yi suna ta hanyar masu zane: Bajamushe Walter Spies ya zauna can daga 1927, kuma a 1936 shi da Rudolf Bonnet ɗan Holand da gidan sarautar Ubud suka kafa ƙungiyar masu zane ta Pita Maha. Baƙin wancan zamani sun zo kallon rawa da zane da wuraren bauta, abincin da ake ba su kuwa na Turawa ne, ko kuma rijsttafel, wato shinkafa da tarin ƙananan kwanuka da Turawan mulkin mallaka suka ƙago don burge baƙi. Abincin Bali na ainihi yana can cikin gidaje da wuraren biki.

Ko bayan buɗe otal ɗin Bali Beach a Sanur a 1966 da mai da filin jirgin Ngurah Rai na ƙasa da ƙasa a 1969, lamarin bai sake sosai ba. Abin da gidajen abincin baƙi ke kira abincin Indonesiya yawanci soyayyar shinkafa ce da taliya da gado-gado, wato dafaffun ganyaye da miyar gyaɗa, waɗanda suka fi kusa da Jawa. Darussan girki sun fara bayyana wajen ƙarshen shekarun 1980 zuwa cikin 1990, kuma abin lura shi ne waɗanda suka fi suna a farkon al'amarin baƙi ne da suka zauna a tsibirin. Janet DeNeefe, 'yar Ostareliya da ta yi aure a Ubud, ta kafa makarantar girki ta Casa Luna. Ita ce kuma ta assasa bikin marubuta na Ubud a 2004, bayan harin bam na Bali na Oktoban 2002 da ya kashe mutum 202 ya durƙusar da kasuwar baƙi, sannan bikin abinci na Ubud a 2015. A kudancin tsibirin, wani kuku ɗan Suwizalan, Heinz von Holzen, ya buɗe gidan abinci da makarantar Bumbu Bali a Tanjung Benoa wajen ƙarshen shekarun 1990. Daga baya iyalan ƙauyuka suka shiga sana'ar gadan-gadan, don ba ta buƙatar jari mai yawa: madafa da lambu suna nan, intanet kuma na kawo baƙi har ƙofar gida. A 2019 baƙin waje sama da miliyan shida suka shiga Bali, kafin annobar korona ta tsayar da komai cak a 2020.

Lambu da kasuwa

Darasin safe kan fara da kasuwa. Kasuwannin Bali da duku-duku suke ci, kafin rana ta ɗaga masu kayan miya sun fara tattara komatsai, shi ya sa ajin yamma ba ya samun wannan zagaye. Mai koyarwa kan tsaya gaban tebur, ya karya citta da gangamau da wasu saiwoyi biyu dangin citta da ake kira isen da cekuh, ya miƙa wa kowa ya sansana, domin a ido saiwoyin suna kama da juna ga wanda bai saba ba.

Daga nan sai lambu. Gidan gargajiya na Bali kan kasance da fili a bayansa da ake kira teba, inda ayaba da kwakwa da gwanda da rogo da zogale da lemun tsami ke tsirowa a cakuɗe, kaji da aladu na kiwo a gefe. A nan baƙi ke tsinkar barkono da dogon wake da ganyen pandan mai ƙamshi, su tumɓuke sereh, ciyawar nan mai ƙamshin lemun tsami da ake sawa a shayi. Ba duk abin da ake dafawa ke fitowa daga lambun ba. Kabeji da karas daga tsaunukan Bedugul masu sanyi ake sauko da su, gishirin gargajiya daga bakin teku a Kusamba da Amed, albasa da tafarnuwa kuma yawanci na kasuwa ne.

Wasu azuzuwan kan bi da baƙi ta cikin fadamun shinkafa a yi musu bayanin subak, ƙungiyoyin manoma da ke rabon ruwan ban-ruwa ta hannun wuraren bauta, tsarin da ake jin ya kai ƙarni na 9 kuma hukumar UNESCO ta sa shi cikin kayan tarihin duniya a 2012.

A madafa

Base genep na nufin cikakken haɗi. Kayansa sukan haura goma, wasu gidajen su kai goma sha biyar: saiwoyin nan huɗu, waɗanda al'adar Bali ke danganta kowannensu da kusurwa ɗaya ta duniya, da ƙananan jajayen albasa, tafarnuwa, barkono, masoro, gyaɗar ƙamshi, kanumfari, sereh, da kemiri, wata ƙwaya mai maiƙo da ba a cin ta ɗanya. Sai terasi, curin jatan lande da aka ruɓar aka shanya, wanda aikinsa a tukunya ya yi kama da na daddawa, har da warin da ke korar baƙo kafin a gasa shi. Ana yanka kayan ƙanana a kan gungumen katako da wata faffaɗar wuƙa mai suna blakas, ko a murza su a cobek, turmin dutse mai faɗi kamar kasko. A cobek ba daka ake yi ba, murzawa ce da juya wuyan hannu, kuma nan ne hannun sabon shiga ke gajiya. Bayan haka a soya haɗin a man kwakwa da ƙaramar wuta har ɗanyen warin ya fita.

Daga wannan haɗi ɗaya ake rarraba sauran girki. Sate lilit kifi ne ko kaza da aka daka da base genep da gurzajjiyar kwakwa, a ɗebi curi a naɗa shi da yatsu a kan karan sereh ko faffaɗan tsinken gora, a gasa a garwashin ɓawon kwakwa ana fifitawa. Idan haɗin ya yi ruwa, curin zai sulale ya faɗa wuta, abin da ke faruwa kusan a kowane aji. Tum da pepes nama ne ko kifi da ake ƙullewa a ganyen ayaba kamar alala, bayan an ɗan kara ganyen a wuta don kada ya tsage. Akwai urab, dafaffun ganyaye da aka cakuɗa da kwakwa da yaji, ɗan'uwan kwaɗo ke nan. Sambal matah kuwa ba ya ganin tukunya: albasa da sereh da barkono ne a yanka siriri, a sa gishiri da terasi da lemun tsami da man kwakwa, a murza da hannu. Madarar kwakwa a wurin ake matse ta, tatsar farko mai kauri a ajiye ta sai ƙarshen girki. Abin zaƙi yawanci dadar gulung ne, siririyar waina koriya da aka naɗe kwakwa da sukari a ciki, ko kunun baƙar shinkafa mai suna bubur injin.

Wannan jeri bai yi daidai da cimar gida ba. A al'ada mata ke girki sau ɗaya da safe, shinkafa da ganye da ɗan kifi da sambal, a fitar da 'yan lomomi a kan guntayen ganyen ayaba a matsayin hadaya, sauran a rufe, kowa ya ɗiba lokacin da yunwa ta kama shi. Sate lilit da lawar, wato yankakken nama da ganye da kwakwa da aka cakuɗa da yaji, abincin biki ne, kuma aikin maza ne, waɗanda ke taruwa tun kafin asuba suna sara da yanka, aikin da ake kira mebat. Abin da baƙo ke koya, ke nan, girkin biki ne da aka rage masa yaji aka taƙaita shi cikin sa'o'i kaɗan.

Batun halal

Kusan kashi 87 cikin ɗari na mutanen Indonesiya Musulmi ne, amma mafi yawan mutanen Bali mabiya addinin Hindu ne, kuma naman alade na cikin cimarsu; gasasshen alade, babi guling, shi ne abincin bikin da ya fi suna, wani nau'in lawar kuma da ɗanyen jini ake haɗa shi. Yawancin azuzuwan baƙi da kaza da kifi da tempe suke aiki, kuma akwai na marasa cin nama, sai dai rashin alade a tebur ba ya tabbatar da yankan kazar ko tsarkin tukwanen. Dokar ƙasar mai lamba 33 ta 2014 ce ta tsara ba da shaidar halal.

Sauran wurare

A Lombok, tsibirin Musulmin Sasak da ke gabas da Bali, ana koyar da gasasshiyar kaza ta ayam taliwang da plecing kangkung, dafaffen ganye da ake zuba wa yajin barkono da tumatir. A birnin Yogyakarta na tsibirin Jawa ana haɗa girki da jamu, jiƙon gangamau da tsamiya da sauran saiwoyi, wanda UNESCO ta amince da shi a 2023. Rendang na ƙabilar Minangkabau a Sumatra ta Yamma, naman da ake dafawa a madarar kwakwa har ruwan ya ƙone, yana cin sa'o'i da yawa, don haka a gajeren aji ba kasafai ake kai shi ƙarshe ba.

Saɓani

Ana jayayya kan ko abin da ake koyarwa na asali ne, ganin yadda ake rage barkono da terasi, da kuma kan kalmar "ba takin zamani" da wasu lambuna ke amfani da ita ba tare da takardar shaida ba. Masu goyon baya na cewa sana'ar na barin kuɗi a hannun iyalan ƙauye. Masu suka na nuni da fadamun shinkafa da ake mayarwa masaukin baƙi da ruwan da otal-otal ke sha. Tun daga 14 ga Fabrairun 2024, kowane baƙon waje da ya shiga Bali na biyan harajin rupiya 150,000 da gwamnatin lardin ta ce na kare al'adu da muhalli ne.